Kiɗan da Ka Bar Mini a Ka

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Da hantsin Talata, tara ga watan jiya, darakta ya kira ni ina ɗakin tace fim, ya ce Allah ya yi maka rasuwa. Tun ranar ban zauna wuri ɗaya ba.

Kai ne mai haɗa kiɗan da ke bin finafinanmu da shirye-shiryen talabijin, ni kuma mai tacewa. Sai-Gobe muke kiranka, kuma ka ci sunan. Ba ka taɓa naɗar kiɗa ranar da ya zo maka ba. Sai ka kalli fitowar, ka samu wani, ko mai shara ko mai riƙe fitila, ka rera masa da baki rufe, ka tafi abinka. Washegari ka ce, "Maido mini kayana." In ya tuna, ka shiga sutudiyo. In ya manta, ka watsar, ka ce kiɗan da bai kwana a kan mutum ba bai isa ya shiga gidajen mutane ba. Daraktoci sun sha kumfar baki, kai ko a jikinka. Amma matasa nawa ka zaunar gaban piyanonka kyauta, har ka saya musu abinci?

Ranar Litinin, ana gobe rasuwarka, ni ka zaɓa, ni da ko tafi ban iya yi daidai ba. Ka rera mini kiɗan fitowar ƙarshe ta shirinmu, inda uwa ke rufe ƙofar ɗakin ɗanta da ya tafi. Babu shi a na'ura, babu shi a takarda, sai a kaina.

Na rera shi a mota, na rera a kan matakala, kullum yana sauya kama. Wani mai piyano ya kaɗa mini iri-iri, kowanne na ce shi ne. Darakta ya ce in abin ya gagara mu liƙa tsohon kiɗa. Wallahi tsoro ya kama ni, tsoron aikinka na ƙarshe ya mutu a hannuna.

Jiya na je gaishe da matarka. Ina tsugune bakin ƙofa ina ɗaura takalmi, ashe bakina yana rera kiɗan ban sani ba. Sai na ji muryarta daga ciki.

"Malam, ba haka yake ba. A nan sauka yake yi, ba hawa ba."

Ta ɗauko shi daga farko har ta dire. Ta ce, "Da shi ya hana ni sakat a gidan nan. Har faɗa na yi masa."

Na zauna a kan takalmin na yi kuka.

Allah ya jiƙanka, ya yafe kurakuranka, ya haskaka makwancinka. Ita da 'ya'yanka da mahaifiyarka, Allah ya ba su haƙurin da ya fi namu. Amin.