Malam Sharfuddeen Salmanu Fagge da Takardun da Aka Naɗe Turare da Su

Haihuwa da nasaba

A shekara ta 1957 Miladiyya, a unguwar Fagge ta birnin Kano, Allah Ya azurta Malam Salmanu maɗinki da maiɗakinsa Malama Asama'u da ɗa namiji, aka raɗa masa suna Sharfuddeen. Mahaifinsa bai yi boko ba, amma yana karanta ajami kamar ruwa, kuma wannan batu zai dawo a gaba. An rubuta wannan tarihi ne domin a san cewa Bahaushe ya taɓa fassara baiti dubu uku daga Sanskirit, tsohon harshen malaman Indiya, a kuma san yadda mutanensa suka yi da aikin.

Karatu

Ya sauke Alƙur'ani yana ɗan shekara goma sha uku, ya kammala sakandare a 1976, sannan ya sami digiri a ilmin harsuna a 1981. Tun yana ƙarami ya tsinci harshen Hindi a bakin Indiyawa masu kantin yadi, inda mahaifinsa ke sayen atamfa. A 1983 ya sami gurbin karatu a birnin Pune na ƙasar Indiya, ya shekara bakwai yana nazarin nahawun Sanskirit da adabinsa, har ya zama dakta a 1990. A can ne ya haɗu da wasu tsofaffin baitoci a kan jiran damina, da wahalar noma, da kewar matafiyi ga gidansu. Ya rubuto wa mahaifinsa cewa in ba don an faɗa masa ba, da ya rantse manomin ƙasar Hausa ne ya tsara su.

Komowa gida da aure

Ya dawo Kano a ƙarshen 1990 da takardun shaida da babu mai irinsu, kuma babu mai bukatarsu. Jami'o'i uku ya nema. A ɗaya daga ciki, wani shugaban sashe da bai taɓa ganin ko harafi ɗaya na harshen ba ya tambaye shi a gaban jama'a ko tsafi ya je ya koyo. Aka yi dariya, aka ba wani gurbin. Shekara biyar ya yi yana koyar da Turanci a makarantar je-ka-ka-dawo. A 1992 ya auri Hajiya Maimunat, 'yar wani mai sayar da littattafai a kasuwar Kurmi, wadda ta zauna da shi cikin mutunci har ƙarshen ransa.

Zaman Dubai

A 1996 ya koma Dubai, ya kama aikin tafinta tsakanin 'yan kasuwar Kano da dillalan Indiya masu yadi da kayan ƙamshi a unguwar Al Ras. Mutumin da ya ƙware a nahawun da malamai ke shafe rabin rayuwa a kansa, shi ne ya shekara ashirin da bakwai yana fassara "rage mini" da "ba zan rage ba". 'Yan kasuwa suka laƙaba masa Malam Indiya. Suna kiransa ko yana tsakiyar cin abinci, ya kai su asibiti, ya raba musu rigima da dillalai, ya gyara musu takardun biza. A tsawon waɗannan shekaru babu mahaluƙi ɗaya a cikinsu da ya tambaye shi abin da yake rubutawa bayan sallar Asuba.

Aikin fassara

Ya fara fassarar baitocin a shekarar da ya isa Dubai. Littattafai uku na farko da ajami zalla ya rubuta su, domin mahaifinsa ya karanta da idonsa, kuma tsohon ya karanta su kafin rasuwarsa a 1999, aka dawo wa ɗan da su. Daga nan sai ya koma rubutu a kan fallayen takarda, baitin asali a sama da haruffan Indiya, Hausarsa a ƙasa da boko, da sharhi a gefe. Wani baitin yakan ci masa mako biyu. 'Yarsa Mahfuza, mai aikin harhaɗa magunguna a unguwar Al Rigga ta Dubai, ta sha roƙonsa ya bari ta ɗauki hoton takardun a waya, shi kuwa ya ce sai ya gama gyara. Wannan taurin kai nasa ne, kuma ba za a ɓoye shi ba. A watan Maris na 2023 ya rubuta baiti na ƙarshe, ya ajiye aiki, ya ƙudurta komawa Kano ya buga littafin.

Abin da ya faru a Ras Al Khor

Takardun sun cika kwali huɗu, sun fi ƙarfin kayan jirgin sama. Saboda haka ya kai su sito na Alhaji Rilwanu, mai kamfanin aika kaya ta jirgin ruwa a unguwar Ras Al Khor ta Dubai, mutumin da Malam ya yi wa tafinta kyauta tun Alhajin yana ɗaukar kaya a ka. A makon ne ake cika kwantenar da za ta isa Kano kafin Babbar Sallah, rabinta kwalaben turare ne. Al'adar sitocin ita ce a naɗe duk abin da zai iya fashewa da tsofaffin jaridu, mafi yawansu na Indiyawa, waɗanda ake saye a kilo. Jaridu suka ƙare, mota tana jira a ƙofa.

Alhaji Rilwanu da hannunsa ya yanke igiyar kwalin farko. Da ya ga littattafan ajami sai ya goge hannunsa a riga, ya ɗauke su da bisimilla, ya ɗora a saman kabad, domin Bahaushe ba ya barin takarda mai haruffan Larabci a ƙasa, ko da bai karanta abin da ke ciki ba. Sauran kuwa ya kalli saman shafi, ya ga rubutun Indiya, bai sauke idonsa zuwa Hausar da ke ƙasa ba. Ma'aikatan sun shaida cewa abin da ya faɗa shi ne, "Takardun Indiyawa ne, yalla, maza ku naɗe." Kafin La'asar an gama da kwali huɗu.

Bayan kwana uku Malam ya koma siton domin ya ƙara jadawalin kalmomi da ya manta a gida. Alhaji Rilwanu ya tarbe shi da fara'a, ya miƙo masa littattafan nan uku a naɗe cikin farin ƙyalle, ya ce, "Malam, ga na addinin, wallahi ban bari kowa ya taɓa su ba. Sauran tarkacen mun rage maka nauyi, khalas, shi ke nan." Godiya yake jira a yi masa. A lokacin kwantenar ta riga ta hau teku.

Kowa ya san lambar wayar Malam, domin ita suke kira in ciniki ya cije. Kira ɗaya ya isa. Ba a yi ba, saboda a wurinsu Malam Indiya baki ne kawai da ake ara a je kasuwa. Ƙungiyar 'yan kasuwar ta zauna a kan maganar, ta yanke cewa kuskure ne, a yi haƙuri, sannan aka ci shinkafa aka watse.

Jinya da rasuwa

A watan Yuni ɗansa Muhsin ya bi shagunan turare na kasuwannin Sabon Gari da Kwari a Kano ɗaya bayan ɗaya. Ya tsinto fallaye ɗari biyu da goma sha ɗaya daga cikin fiye da dubu huɗu, mafi yawansu man turare ya jiƙe tawadar. Wani mai shago ya gaya masa cewa nasa ya bai wa mai ƙosai. A watan Agusta, tun bai bar Dubai ba, Malam ya gamu da shanyewar ɓarin jiki, hannun dama ya daina aiki. Mahfuza ta zauna kusa da shi da biro, ya yi ƙoƙarin maido da baitocin daga ka, aka sami arba'in da shida kafin harshensa ya yi nauyi.

Ya rasu ranar Talata, 9 ga Janairu 2024, daidai da 27 ga Jimada Sani 1445, yana da shekara sittin da shida. An yi masa sallah bayan Azahar, aka binne shi a maƙabartar Al Qusais ta Dubai. Alhaji Rilwanu yana sahun gaba.

Ya bar matarsa Hajiya Maimunat da 'ya'ya huɗu: Mahfuza, Muhsin, Khairunnisa da Nasrullahi, da jikoki bakwai. Ya bar littattafan ajami uku, waɗanda aka girmama a sito ba tare da an karanta ba. Ya bar fallaye ɗari biyu da goma sha ɗaya a cikin akwati a ɗakin Hajiya Maimunat, wadda ta daina shafa turare tun ranar da aka kawo su, domin har yau in an buɗe akwatin ƙamshinsa ne ke fara fitowa. Allah Ya jiƙan Malam, Ya yi masa rahama.