Makarantar da na gina wa auta a cikin duhu

A bazarar da ƙyanda, wadda mu can muke kira dussa, ta shiga garinmu Buza, na zo hutu daga lakwal, wato makarantar boko, a Tawa, na tarar da autarmu kwance. Shekarunta shida. Kakarmu ta riga ta kafa doka: mai dussa ba ya ganin rana, ba ya taɓa ruwa, sai fata ta gama saɓa. Hasken rana, in ji ta, shi ke cinye idon yaro. Da yake ni na yi ciwon tun ina ƙarama, aka tura ni ɗakin Inna in zauna da auta, aka ja ƙofa. Abinci ma a bakin ƙofa ake ajiye mana.

Ɗakin ba taga. Akwai warin jiƙo da zufa, da nishin auta. Hutu ya ƙare ina ciki, na ji tashin motar da ya kamata ta mai da ni Tawa. Na ƙirga itatuwan rufi har na san wanda gara ta fara ci.

Abu ɗaya ne ya kuɓuce wa kaka. A jikin ƙyauren akwai huda, ba ta kai ƙwayar gujiya ba. Da hantsi haske yakan shigo ta nan siriri kamar zare, ya sauka kan kwanonin Inna da ke jere. Cikin kwanonin na tsinci murfin wata tsohuwar kwalbar turare, na gilashi mai kusurwa-kusurwa. Da na tara shi a hasken, sai bakan gizo ya zube a bango.

Daga nan makarantar ta samo asali. Na ce wa auta a bayan duwatsun garinmu akwai lakwal da ba a koyar da lissafi, sai haske. Shugabarta wata tsohuwa ce da ke ɗebo hantsi da guga daga rijiya. 'Yan ajin ja su ke nunar da magarya. 'Yan ruwan ɗorawa su ke shafa wa gero launi kafin girbi. 'Yan tsanwa barci suke duk rani, sai damina ta tashe su. 'Yan shuɗi kuwa, manyan ɗalibai, su ke rina sama kowace safiya, shi ya sa hannuwansu ba sa wankuwa. Wanda ya yi laifi a sa shi tufka igiyar haske har ta isa ɗaure akuya.

Kullum da hantsi sai in juya murfin a hankali, azuzuwan su shigo bi da bi, ina kiran suna kamar yadda madam, malamar ajinmu, ke yi.

"Wa ya shigo?"

"Ja!"

"Sai wa?"

"'Yan ɗorawa. Yaya, ki ce ma 'yan tsanwa su tashi, raggaye."

Idanunta sun kumbura, kwantsa na like su, ina goge mata da bakin zane. Amma tana buɗe su kaɗan, tana fuskantar bango, tana amsawa daidai. Wannan ne kawai lokacin da take dariya.

Ran kasuwa wata maƙwabciyarmu ta leƙo, wadda ɗanta ke aikin shara a likitar mishan, wato asibitin da ke wajen Madawa. Ina jin su ta bayan ƙyaure. Ta ce wa Inna yaran da dussa ta taɓa wa ido, in an kai su da wuri ana dacewa, kuma motar kasuwa za ta juya bayan azahar. Kaka ta ce ba mai fitar mata da jika cikin wannan rana. Inna ta matso jikin ƙofa.

"Ke 'yar lakwal, ke ke tare da ita. Tana gani?"

Na ce, "Tana gani, Inna. Kowane launi ta san shi."

Na faɗa da alfahari ma. Inna ta ce alhamdulillahi, motar ta tafi.

Bayan kwana huɗu Inna ta wanke zanenta, ta shanya shi a kan ƙyauren daga waje. Hantsi ya yi, zaren haske bai shigo ba. Ina zaune da murfin a hannu, ina shirin ce wa auta yau an ba da hutu, sai ta ji ƙarar gilashin a jikin awarwarona. Ta juya ga bango.

"Ja!" in ji ta. "Ga 'yan ɗorawa nan. Yaya, yau sun yi kyau."

Bangon baƙi ƙirin yake. Na ɗaga hannuna dab da fuskarta, na kaɗa. Ba ta ƙifta ba. Ashe jerin ta haddace, kamar karatun allo, ni kuwa ban taɓa sauya shi ba ko sau ɗaya.

"Auta, tun yaushe?"

Ta ce a hankali, "In na ce ban gani, ai sai a kore ni daga lakwal ɗin."

Na buga ƙyauren da hannu biyu har Inna ta zo a guje. Sauran kwana uku kasuwa ta ci. Waɗannan kwanaki uku a ɗakin muka yi su, ban taɓa murfin ba, ita kuma tana ta tambaya ko shugabar ta yi fushi da ita ne.

Da kasuwa ta ci aka kai ta likita, suka ce idon hagu ya riga ya tafi, hakiya ta rufe shi. Na dama ya tsira da kaɗan, tana bambance haske da duhu, da launi in ya yi ƙarfi. Ban tambaye su abin da mako guda zai iya cetowa ba. Inna ma ba ta taɓa tayar mini da maganar ba, ko da wasa.

Yanzu auta tana saƙa faifai. Takan kai kabar da aka rina dab da idon dama kafin ta soka. Ja take fara sawa, sai ruwan ɗorawa, sai tsanwa, sai shuɗi. Hutun da ya wuce na ce ta gwada sauya jerin, masu saye za su so.

Ta ce, "A'a, Yaya. Hakanan suka shigowa."