Hannun Mai Agogo

Da wayar hannu ta kashe sana'ar gyaran agogo, Mai Agogo bai rufe shago ba. Ya tattara haƙoran tsofaffin agoguna da guntayen katako, ya shiga ƙera 'yan mutum-mutumi masu motsi. Kana murɗa mariƙi sai tela ya taka keke, ko kaza ta hau tsattsagar tsaba. Masu baje kolin zane suka fara zuwa saye suna kiransa gwani. Shi dai dariya yake: "Wasan yara ne, sai dai yaran nawa duk sun yi furfura."

Ƙanwarsa na auren wani direban babbar mota mai saurin hannu. Wata safiya ta shigo shagon leɓe a fashe, ido ɗaya a rufe.

"Yaya, ƙofa ce ta buge ni."

"Ƙofar taku bel take ɗaurawa?"

Mai Agogo ya yi wa direban magana, ya kai ƙara gun manya, duk a banza. Shi kuma siriri ne kamar tsinke, ba ƙarfin dambe. Sai ya sassaƙa mutum-mutumin wani mai tumbi da wushirya, ga mace durƙushe a gabansa. In an murɗa, hannu ya ɗaga bel ya sauke, macen ta sunkuya. Ya ajiye shi a bakin shago. Kowa ya gane mai fuskar. Direbobi suka riƙa zuwa kallo, a tasha kuwa aka laƙaba wa mijin ƙanwar suna Murɗa.

Da tsakar rana direban ya zo riƙe da ƙarfen kwance taya. Ya fasa gilashi, ya ragargaza tela da kaza da komai, sannan ya danne hannun daman Mai Agogo a kan tebur ya yi ta sauke ƙarfen har ƙashi ya daina ƙara. Ƙanwar ta biyo mijin a guje, ko takalmi babu. Ta suri guduma ta sauke masa a muƙamuƙi. Ya zube, haƙoransa cikin jini a ƙasa.

Direban bai mutu ba, amma auren ya mutu, kotu kuma ta ɗaure shi. Yatsun Mai Agogo ba su ƙara lanƙwasuwa ba. Ya daɗe ba ya son a yi masa zancen aiki, har ranar da ƙanwar ta zauna a kujerarsa ta ce, "Yaya, ka faɗa, ni in yanka."

Haka suka ci gaba, yana tsaye a kanta yana mita. Har ya rasu suna musu kan wanda ya fi iya fitar da fuska.