Zanen da Ban Kai Phrae Ba

Shekarata huɗu ina tuƙa motar wani kamfanin gyaran na'urar sanyaya ɗaki a Doha lokacin da aka haɗa ni da wani ma'aikaci ɗan ƙasar Thailand. Aikina in ɗauko shi da safe, in bi da shi gidaje da ofisoshi, shi ya hau sama ya yi gyara, ni in zauna a mota in jira. Gajere ne mai yawan dariya. Turancinsa gutsure-gutsure, nawa ma ba na a zo a gani ba, sai mu cike giɓin da Larabcin titi. Sadik yake ce min, wato aboki, ni ma haka nake ce masa.

Wata rana da azahar mun fake a inuwar wani gini a unguwar Nu'aija muna cin abinci a cikin mota, sai mahaifiyarsa ta kira shi ta bidiyo. Ya juyo da wayar don in gaishe ta. Wata 'yar tsohuwa ce mai furfura, ta ɗago hannu tana min alamar gaisuwa. Hannun nan shuɗi ne har wuyansa, farata kuwa baƙi ƙirin. Ban san lokacin da na ajiye cokali ba.

Na san wannan hannun, domin irinsa ne ya raine ni. Mahaifina marini ne a wani gari kusa da Kano, a bakin ramin rini ya yi ƙuruciya, a nan ya tsufa. Ni kuwa tun ina makaranta na tsani sana'ar, saboda a aji ana cewa ina warin karofi. Duk yadda ya so in riƙe muciya in koyi juya ruwan rini, na ƙi. Ina samun lasin tuƙi na bar garin, ban waiwaya ba.

Na ce da abokina, "Sadik, rini mamanka take yi?"

Ya ce, "Duk ƙauyenmu shi ake yi. Kusa da garin Phrae muke, tafiyar sa'a uku da wani abu daga birnin Chiang Mai. Yaya aka yi ka gane?"

Da na gaya masa sana'ar mahaifina, dariya ya yi ta yi yana dukan gaban mota. Ya fassara wa tsohuwar, ita ma ta tafa hannu, ta juya wayar ta nuna min jerin manyan tukwane a ƙarƙashin rumfa, kumfa mai duhu tana tashi a bakinsu.

A hutun da na je gida a shekarar na nuna wa mahaifina hoton tsohuwar da tukwanenta, wanda abokina ya turo min. Ya karɓi wayar ya matso da ita kusa da fuska, ya daɗe yana kallo.

Ya ce, "A tukunya? Mace, kuma a tukunya? Ikon Allah. To idan ruwan ya mutu ya daina kama tufa, da me take tashinsa?"

Na aika wa abokina tambayar, ya dawo da amsa kalma ɗaya: tsamiya. Wannan amsa ba ta ƙosar da tsohon ba. Wace irin tsamiya, ɗanya ko busasshiya? Kafin toka ko bayanta? Na ce bari in sake tambaya, ya ɗaga min hannu.

"Ba a koyon wannan a waya. Kai da kake hawa jirgi kamar motar haya, ka je ka gani da idonka. Ka sa yatsa ka ɗanɗana, ka zo ka faɗa min."

Kwana goma ya yi a kan wani zane. Ya tsoma, ya shanya, ya sake tsomawa, sannan ya kai mabuga aka buge shi har yana ƙyalli. Ranar da zan koma ya naɗe shi a takarda ya miƙa min, ya ce in kai wa tsohuwar hannu da hannu, in ce daga abokin sana'arta ne. Na ce to, Baba, in sha Allahu. Kuma a lokacin har zuciyata nake nufi.

Ina da wani hali da direbobi da yawa suke da shi: ba na tayar da mota sai na san kowace kwana ta hanya. A bakin aiki wannan hali yana da amfani. A wannan tafiya kuwa shi ya cuce ni. Ina dawowa Doha na shiga wani kanti a Al Mirqab na sayi littafin rubutu mai kauri, na rubuta Chiang Mai a bangonsa da manyan baƙaƙe. Na ce tunda zan je, ba zan je kamar ɗan aike ba, sai na ga ƙasar da kyau.

A gidan da muke haya a Bin Omran mu shida ne a ɗaki, yawanci masu gadi. Duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci, su suna hira, ni ina kan gadona na sama da littafi da waya ina zana taswira. Ba a jima ba suka laƙaba min Alhajin Thailand. In na shigo sai wani ya ce, "Alhaji, an sauka lafiya? Ina tsarabar giwa?" In ce su yi ta dariya, ranar da na turo hoto za su san na fi ƙarfinsu.

Kwana tara na tsara. Ranar farko tsohon birni, in zaga ragowar ganuwarsa da ramin ruwan da ya kewaye shi, in gwada da tamu ta Kano. Rana ta biyu gidan ibadar nan na kan dutse mai matakala fiye da ɗari uku. Na nemo unguwar da masallaci yake, da inda ake sayar da taliyarsu mai romon kwakwa da naman halal. Na sa ƙauyen masu yin laimar takarda, na sa wurin giwaye, har lokacin da rana take faɗuwa a kan kogi na rubuta. Phrae kuwa, inda aka aike ni, na ajiye ta a rana ta tara, daga hantsi zuwa la'asar.

Da na nuna wa abokina, ya bi shafukan da yatsa har ƙarshe, ya ɗago ya dube ni.

"Sadik, rabin yini? Mama ta ce kai za ka yanka kazar da za a dafa maka da hannunka, ta san ku Musulmi. Ta ce za ta bar maka tukunya ɗaya ka yi rini da kanka. Kai kuma giwa ka ba yini guda, ita rabi?"

Na ce ai jadawali ne, ana iya gyarawa. Ban gyara ba.

Hutunsa ya faɗo a watan Agusta. Biza ta fito min, manaja ya sa hannu a takardar hutuna, babu abin da ya rage sai in ɗauki jaka. Ana saura kwana kaɗan na karanta cewa damina ce a can, hazo yana rufe dutsen, ba a ganin birnin daga sama, kuma lokacin sanyi ya fi daɗin yawo. Na ce na ɗaga tafiya.

Ya ce, "Yalla, mu je mana, sadik! Ruwa ne kawai. Ai da damina ganyen rinin yake yin kyau, lokacin za ka ga komai."

Raina ya ɓaci, don ba na son a taɓa min tsari. Na ce ba zan ƙetare teku in je in tsuguna a rumfa ina kallon ruwan sama ba. Sai ya ce to in ba shi zanen ya kai. Na ce a'a, hannu da hannu aka ce. Ya ɗaga kafaɗa ya ce khalas, wato shi ke nan, ya tafi shi kaɗai.

Bayan wata ɗaya ya dawo da ƙunshi a leda. Wani ƙyalle ne mai kauri, saƙar hannu, rinin mahaifiyarsa. Ta ce a kai wa tsohon da yake rini a rami.

Wannan ne wurin da ya fi min nauyin faɗa. Kusan kowane wata akwai mai tafiya Kano daga gidanmu na Bin Omran, kuma babu wanda zai ƙi saka ƙyalle ɗaya a jakarsa. Ban bayar ba. Na san idan ya isa, tambayar farko da Baba zai yi ita ce, to nawa fa, ya isa? Kuma na fi so in shiga gida da shi a hannuna, a matsayin tsarabar tafiyata. Sai na buɗe akwati na ɗora nata a kan nasa, na rufe, na tura ƙarƙashin gado.

Sanyi ya zo, abokina ba ya hutu, ni kuma ba na jin ko kalma ɗaya ta yarensu. Bayan sanyi na karanta cewa ana ƙona gonaki, hayaƙi yana turnuƙe garin. Bayan hayaƙi zafi. Bayan zafi damina ta sake zagayowa. Kowane wata da nasa aibin, ni kuma na ƙware wajen nemo shi. Biza ta mutu a cikin fasfo. Gida ma ban je ba, wai ina tara kwanakin hutu don in haɗa tafiya biyu. Littafin nan sai ƙara kauri yake, har na manna masa wasu shafuka.

Duk Juma'a idan na kira gida, bayan gaisuwa sai mahaifina ya ce, "Ka je?" In ce, "Saura kaɗan, Baba." Ya ce Allah ya nuna mana. Ƙanwata ta sha karɓar wayar ta koma gefe ta ce, "Yaya, idon Baba fa yana raguwa." In ce a kai shi asibiti, tsufa ne, sannan in koma kan taswirata.

Yanzu da nake rubuta wannan ba ni da wanda zan yi wa ƙarya. Ba hazo ne ya hana ni ba, ba kuma hayaƙi ba. Warin nan nake gudu. Na san ina shiga rumfar tsohuwar zai buge ni, irin wanda na gudo na bari, kuma za ta miƙo min abin juyawa tana tsammanin ɗan marini ya iya, a ga ban san ko yadda ake riƙewa ba. Gidan ibada da giwa ba sa tambayar mutum abin da ya koya a gidan ubansa. Shi ya sa na cika kwana takwas da su.

Kwantiragin abokina ya ƙare a shekara ta biyu. Ni na kai shi filin jirgi. Yana sauke jakarsa ya sake cewa in ba shi zanen, ko yanzu. Wallahi ko a ranar ma cewa na yi ina nan zuwa da sanyi. Ya rungume ni, bai yi dariya ba.

Sai da ƙanwata ta yi min kuka a waya sannan na ɗauki hutu na tafi gida. Na sami mahaifina a zaure da hantsi, a kan tabarma, fuskarsa tana kallon ƙofa amma bai san na shigo ba sai da na yi sallama. Shuɗin hannunsa ya koɗe, saura ɗan kaɗan a gefen farata. Wata biyar ke nan rabonsa da karofi. Likita ya ce jijiyar idon ce ta mutu, babu abin da aiki zai gyara.

Bayan mun gaisa na ciro ƙyallen na ɗora masa a cinya, na ce saƙon tsohuwar Phrae ne. Ya shafa shi daga gefe zuwa gefe. Ya kai hanci ya shaƙa sosai, ya ɗan taɓa bakinsa da harshe, sai na ga ya yi murmushi.

"Wannan ta san aikinta. To, ba ni labari. Ka ɗanɗana ruwan?"

Na yi niyyar yin ƙarya. Ina da kayanta, na haddace garin lungu-lungu, zan iya kwatanta masa hanya har ƙofar rumfar. Amma ban san ɗanɗanon ruwan ba, kuma shi kaɗai ya tambaya. Na ce, "Ban je ba, Baba. Ɗanta ne ya kawo min."

"Yaushe?"

"Shekara ɗaya da wata uku."

Ni da shi mun san cewa a lokacin yana gani. Da ya zage ni da na ji sauƙi, amma sai ya ci gaba da shafa ƙyallen.

Can ya miƙo min shi. "To ara min idonka. Fita da shi rana ka duba min. Tsomi nawa ta yi masa? Ya ja baƙi ne, ko ya tsaya? Akwai ja-ja a ƙyallinsa?"

Na fita tsakar gida na ɗaga shi sama. Na juya shi, na sake juyawa. Kowane marini a garinmu kallo ɗaya zai yi ya amsa. Na daɗe a tsaye har rana ta fara cin ƙeyata, sannan na koma zaure na durƙusa.

Na ce, "Shuɗi ne, Baba."

Ya ce, "Shuɗi."

Ya karɓa ya ninke shi gida huɗu, gefe ya hau gefe daidai, kamar yadda yake ninke kayan masu kawo rini. Ya sa shi ƙarƙashin matashinsa. Sannan ya tambayi inda nasa zanen yake, na ce yana akwatina a Doha.

Ya ce, "Ka riƙa fito da shi yana shan iska, kar ya yi fumfuna. Idan ka je, ka gaishe ta."