Azurfar Habsa

A unguwarmu ta Amarewat, nan cikin tsohon garin Agadas, idan abu ya rikiɗa, ya sake rikiɗa, ya kuma rikiɗa har aka manta kamanninsa na farko, sai mu ce ya zama azurfar Habsa. Wani mushen lakwal, wato malamin makarantar boko, ya taɓa gaya mini wai Turawan Ingila ma suna da kalma guda don irin wannan abu, doguwa, wadda su kansu sai a littafi suke gamuwa da ita. Ya faɗe ta, ban riƙe ba, ban kuma ji na yi asara ba. Tamu kullum tana bakin mutane. Rigar da ta zama wando, wandon ya zama hula, hular ta koma matatar kunu, wannan azurfar Habsa ce. Abin da ke ba ni haushi, yaran yanzu suna jefa maganar a kan kowane marar alƙibla da ke sauya ra'ayi kafin shayi ya huce. Ba haka ba ne! Ni Zainabu, bango ɗaya ya raba gidana da na Habsa, a gabana aka yi komai.

Habsa gajeruwa ce, mai saurin ƙafa da saurin baki. Tabarmar kaba take saƙawa, kuma ko maƙiyinta ya san tabarmarta ba ta warwarewa. Mijinta ɗan ayari ne, ya tafi Bilma ɗauko gishiri, ciwon ciki ya kama shi a hanya, raƙumansa kaɗai suka dawo. Ba su haihu ba. Abin da ta mallaka a duniya, ban da tukwane da kaji, munduwa ce guda ta azurfa, mai kauri, gadon uwarta. Tare da munduwar akwai wani baƙin dutse mai santsi da tsohuwar ta tsinto a rafin Telwa, ta sa aka auna mata shi ya zo daidai da nauyin munduwar. Tsohuwar nan ba ta yarda da kowa ba. Ta ce wa Habsa duk ran da ta ji shakkar maƙeri, ta ɗauko dutsen.

Shekarar da aka sauke tutar Faransa, Diori ya hau mulki, kowace mace a unguwa ta ɗinka sabon zane. Habsa ba ta da halin zane. Ta ce to, tunda ƙasa ma tsohuwa ce aka mayar sabuwa, ita ma haka za ta yi. Ta zare munduwar ta nufi maƙerar Bahago.

Bahago mutumin Tawa ne, ya zo Agadas tun yana saurayi ya koyi ƙirar fari, wato aikin azurfa, a hannun maƙeran garin. Da hagu yake riƙe masaba, shi ya sa sunansa na yanka ya ɓace. Matarsa ta rasu da daɗewa. Mutum ne da in ka gaishe shi da hantsi, sai ka yi haƙuri, amsar tana tafe. Yadda yake aiki, sai ya fara siffanta abin da kakin zuma, ya lulluɓe shi da yumɓu, ya gasa har kakin ya tsiyaye, sannan ya zuba narkakkiyar azurfa a gurbin. In ta huce ya fasa yumɓun, ya bi da magagari. Kowane yaro a Agadas ya san wuta tana cin rabonta a duk narki, magagari ma yana cin nasa.

Awarwarai ya fara yi mata, sirara, masu ƙara. Ta sa su ranar bikin 'yancin kai, ta yi ta ɗaga hannu tana nuna abin da babu shi don dai a ji. Ba a yi wata biyu ba ta ce ƙarar tana hana kajinta saka ƙwai. Aka narke, aka yi 'yan kunne. 'Yan kunne suka ja mata kunnuwa har ta fara tafiya kamar mai neman allura a ƙasa. Aka narke. Da bikin Bianu ya zo, ta ce sai abin wuya irin namu na Agadas, wanda Buzaye ke ce wa tanagilt. Ya yi mata kyau, wallahi, na gaya mata ta tsaya nan. Ina! Ta hango matar wani likita Banasare da sarƙa, sai sarƙa. Daga sarƙa zobba, daga zobba ta koma munduwa, ta ce wannan ba irin ta Inna ba ce, a sake.

Kuma ba ta taɓa miƙa azurfar ta koma gida ba. Sai ta ɗauki kabarta ta zauna a bakin maƙera, wai tana gadin kayanta. Tana saƙa, tana zagi.

"Kai ɓarawon azurfa, na ga abin da ya faɗi a ƙasa!"

"Toka ce, Habsa."

"Toka mai walƙiya? Wata rana zan ɗauko dutsen Inna, ka ga ta kanka."

"Allah ya kai mu."

Shekara ta bi shekara, dutsen bai fito ba. Mu mata mun lura da abu biyu. Aikin da Bahago kan gama wa kowa a yini guda, na Habsa sai ya ci mako. Sannan mutumin da bai iya haɗa magana uku ba ya koyi dafa shayi mai kumfa, ya kuma sayi kofi na biyu. Muka yi ta ƙunshe dariya, ba wadda ta ce uffan, don bakin Habsa ba abin wasa ba ne.

Rikiɗar da ta fi ba mu dariya ita ce ta ludayi. Habsa ta tashi wata safiya ta ce tana son shan fura da abin da ko a fadar Sarkin Abzin ba a sha da shi. Bahago ya dube ta, ya dubi sama, ya ƙera mata ɗan ludayi na azurfa har da zane a mariƙi. Liman ya aiko a gaya mata ba a ci ba a sha da azurfa. Ko a jikinta. Ta ce madalla, ga dalilin sake narki ya samu, ta rataye ludayin a bango tana tunanin abin da zai zama.

Ana haka yayanta Alkasum ya dawo. Shi fataucin albasa yake yi, yana ɗauko ta daga Tabelot ya loda a kamyo, wato babbar mota, zuwa Damagaram, ya daɗe ba ya gari. Mutumin kirki ne, amma in ka yi masa ba'a sai ka zauna ka fassara masa ita. Ya shiga kasuwa ya ji mata suna cewa Habsa ta tafi wajen ɓarawonta. Ya tambaya, aka ba shi labari, ya ɗauke shi yadda aka faɗa. Bai ko biya ta gida ba ya kai ƙara wajen sarkin maƙera, wai baƙo daga Tawa ya shekara da shekaru yana gutsurar gadon uwarsu.

Sarkin maƙera ya ce magana ce mai sauƙi tunda akwai dutse. A kawo dutse, a kawo azurfa ranar Alhamis. In ta gaza da yawa, Bahago ya ajiye ƙirar fari. Kowa ya san ma'anar wannan. Maƙerin da aka ce ya ci azurfar marainiya, ba mai sake miƙa masa ko zoben yaro, sai dai ya ɗaure kayansa ya koma Tawa. Kuma dole ta gaza. Azurfar da ta shiga wuta sau ba adadi, ko waliyyi ne ya narka ta, ba za ta kai dutsen nan ba.

Habsa ta faɗo gidana ko sallama babu.

"Zainabu, na kashe shi da bakina."

Na ce, "Ke da kullum kike ce masa ɓarawo?"

"Wannan ai hira ce! Wane irin mutum ne Yaya da bai san hira ba?"

Ta je ta roƙi Alkasum ya janye. Ya ce kunya ce ke damunta, shi zai tsaya mata. Ta ce dutsen ya ɓace. Ya ce ai jiya ya gan shi a cikin kwallarta. Na ji tausayinta har cikin raina.

Ranar Laraba da tsakar rana, lokacin da ko akuya ta nemi inuwa, na ji ana niƙa a gidanta. Na san ƙarar niƙan hatsi, wannan ba ita ba ce. Na taka turmi na leƙa. Ga Habsa a durƙushe, zufa na zuba, tana goga dutsen uwarta a kan dutsen niƙa, inda ta niƙa barkono da safe. Tana gogawa tana cewa, "Inna ki yafe mini, Inna ki yafe mini." Da ta ga gefen ya yi fari, sai ta lakato man shanu ta shafe shi. Ta auna a tafin hannu, ta ga kamar bai isa ba, ta sake durƙusawa. Ta ɗago ta gan ni, ta ce in na buɗe baki sai ta niƙa ni a wurin.

Alhamis da hantsi zauren sarkin maƙera ya cika, har da waɗanda ba su taɓa mallakar azurfa ba. Bahago ya zo da rigarsa ta Juma'a, ya zauna a gefe yana kallon hannuwansa. Sarkin maƙera, tsoho mai ido ɗaya da rabi, ya ɗaga mizani. Ya sa dutse a ɗaya gefen, ya sa ludayi a ɗayan.

Gefen ludayi ya faɗi ƙasa, dutse ya tashi sama.

Tsohon ya sauya musu gefe, haka dai. Ya busa mizanin, ya girgiza, haka dai.

Ya ce, "Tun ban yi gemu ba nake wannan aiki, ban taɓa ganin azurfa ta yi ƙiba a wuta ba. Bahago, tagulla ka zuba?"

"A goga a gani, ranka ya daɗe."

Aka goga, azurfa ce tsantsa. Tsohon ya ce to sai ya yi bayani. Bahago ya daɗe yana murza hularsa, sannan ya ce tun ranar farko ya auna munduwar da wani guntun ƙarfe ya ajiye. Duk narki, abin da wuta ta ci sai ya cika da tasa. Sai kuma ya ɗaga murya, abin da ba mu taɓa ji ba: "Amma daidai nake cikawa, ranka ya daɗe! Ban taɓa wuce awo ba. Wannan rinjayen ba aikina ba ne." Kun ji mutum! Ana shirin wanke shi, shi haushinsa a ce hannunsa bai san awo ba.

Sarkin maƙera ya ɗauki dutsen ya juya shi. Ya dubi yatsunsa sun yi maiƙo. Ya kai shi hanci, sai atishawa, ya sake, ya sake, har rawaninsa ya karkace.

"Wa ya niƙa dutsen nan da barkono?"

Habsa ta ja mayafi ta rufe fuska har haɓa. Wata tsohuwa a bayana ce ta fara fashewa, daga nan zaure ya ɗauka. Ni kam har da hawaye. Alkasum kaɗai ke tsaye yana juye-juye yana tambaya, "To wai wa ya cuci wa?"

Da dariya ta lafa, tsohon ya goge ido ya ce, "Bahago, azurfa ba a tsintar ta a rafi. Me ya sa ka yi ta zuba taka a kayan mutane?"

Bahago bai dubi kowa ba. Ya ce, "In tata ta ƙare, me za ta kawo mini?"

Wannan karon ba wanda ya yi dariya.

Alkasum, Allah sarki, ya ce to a ware ta uwarsu daban, a mayar wa maƙeri tasa. Sarkin maƙera ya miƙa masa ludayin ya ce ya nuna masa inda ta uwarsu ta tsaya. Ya ce shi dai a iya saninsa babu maƙerin da zai raba wannan, in suna son mafita su wuce gidan liman, ba nisa. Sai da aka yi wa Alkasum bayani a hanya, amma da ya gane bai yi gardama ba. Shi ya yi waliyyi, ya kuma ba da buhun albasa.

Bayan an ɗaura aure muka zuba ido mu ga abin da ludayi zai zama. Shiru. Bianu ya zo ya wuce, ludayi na nan a bango kusa da guntun dutsen. Na tambaye ta, ta ce ita ba ta da lokacin shirme, tabarmi sun yi mata yawa. Zagin dai bai tsaya ba. Kullum ta bango ina jin "ɓarawon azurfa, ruwan wankanka na hucewa." Shi ya sa nake faɗa da yaran nan. Ba kowane mai sauye-sauye ake ce wa azurfar Habsa ba. Sai abin da ya sha juyi har ya gaji, aka duba aka tarar bai ragu ba.

Bahago ya rasu a shekarar babban fari. Bayan ta fita takaba, wani matashin maƙeri cikin waɗanda ya koya wa aiki ya zo gaishe ta, ina zaune. Ya ga ludayin ya yi baƙi a bango, ya ce, "Inna, ki kawo in narka miki shi, akwai wani sabon yayi na awarwaro da mata ke so, ba sai kin ba da komai ba."

Habsa ta sauko da ludayin, ta goge shi da bakin zanenta, ta daɗe tana gogewa. Sannan ta mayar da shi kan ƙusarsa.

Ta ce, "Bar shi, ɗana. In wuta ta ci, wa zai cika mini?"