Rumbun Baba a Jarida

Shekarar da aka bar fam da sule aka koma naira, wadda fari ya ƙone gero tun bai fid da kai ba, ita ce shekarar da mai ɗaukar hoto ya zo mana Dugabau. Ni lokacin aikina korar kaji daga shanya, sai kuma shiga rumbu, don bakinsa ba ya ɗaukar babba. Rumbu uku ne a gidanmu. Baba ya buɗe na gabas ya rabar wa maƙwabta dami-dami har ya ƙare, sauran biyun kuwa maƙil suke da tsohuwar dawa. Ranar an zura ni cikin wanda ya ƙare in share, a yi masa sabon yaɓe.

Baƙon ya iso da hantsi, na'ura rataye a wuya. Baba ya shimfiɗa masa buzunsa, Inna ta dama fura mai kauri, ya sha har da ƙari. A inuwar cikakkun rumbunan nan ya zauna, ya gan su da idonsa. Da na leƙo, fari fat da ƙura, ƙwarya ba komai a hannuna, sai ya ce, "Yauwa 'yan mata, tsaya haka, kada ki yi dariya." Na tsaya ina jin daɗi, ni aka zaɓa.

Wani malamin makaranta ne ya zo da jaridar da aka buga hoton a ciki daga Gwarzo, ya karanta a ƙofar masallaci. Wai ga yarinya tana neman ƙwaya a rumbun ubanta, gidansu an yi kwanaki ba a ɗora tukunya ba. Gidan da rabin gari ke ci, fa. Ran kasuwar Kabo aka riƙa nuna Baba, ga uban yarinyar jarida, har wani ya miƙa masa mudun tsaba sadaka. Da ya dawo abin da ya ce kawai, "Da furata a cikinsa ya yi mini wannan." Bai sake taka kasuwar ba har Allah ya karɓi abinsa.

Kwanan baya jikata ta nuna mini hoton a wayarta, wai da shi ake koya musu yunwar shekarar a makaranta. Na ce mata ƙarya ce. Ta ce, "Kaka, ai ga hoto." Cikin waɗanda suka ci dawar Baba saura ni da Malam Idi ladan, shi ma kunne ya tafi. Randa muka bi sauran, hoton ne kaɗai zai ba da labari.