Ranar da Tanti Afuwe Ta Yanka Takalmin Madam

Jama'ata, ina gaisuwa. Ku gyara zama, yau Dago naku ya zo da labarin da har gobe in na tuna sai tsigar jikina ta tashi. Ni ne mai ɗaga 'yan mata sama a ƙungiyar bale, rawar nan ta tsayuwa a kan yatsu, ta Bakin Gada, nan Abijan. Amma yau Tanti Afuwe zan ɗaga.

Kafin kowa ya zo ta sauko daga gbaka, ƙaramar motar haya, da ƙunshin acekenta, dambun rogo, a leda, ta buɗe ɗan ɗakinta na bayan dandamali. Aikinta rina takalma. Takalman tsayuwa a kan yatsu daga Turai suke zuwa, kalar tafin jaririn Bature. Marigayiya Madam Zeze kuwa, wadda ta kafa ƙungiyar, doka ɗaya ta bari: ba mai hawa dandamali sai takalminta ya saje da fatarta. Tanti ce ke haɗa wa kowa kalarsa. Ta kama idon sawunki ta duba, ta ce, "Ke, kin ƙara baƙi. Wane ɗan iska ne ya kai ki bakin teku?"

Duk tarihinmu a bangon ɗakinta yake rataye. Ga takalman "Masu Dakan Rogo", rawarmu ta farko, da aka yi a tsohon siton 'ya'yan koko. Ga na "Gbaka Ta Mace a Gada", wadda ta fitar da mu ƙasashen waje. Ga na "Yako", wato "sannu da haƙuri" a bakin mutanen nan, ta makokin Madam. Can sama kuma takalmin Madam ɗin kanta. Ba mai fita gaban 'yan kallo sai ya miƙa hannu ya taɓa shi. Ko ƙura ba a kakkaɓe masa da ƙarfi.

To bana aka dawo da "Masu Dakan Rogo", aka ba Ozuwa gurbin Madam. Yarinyar ta daɗe a layin baya tana jiran rana irin wannan. Uwarta har ta taso daga ƙauye. Ranar wasa, a gwajin ƙarshe, sai takalminta ya karye. Saura sabo guda, ba rini. Ga damina, in aka jiƙa shi da rini ba zai bushe ba, gam ɗinsa zai saki, ta karya ƙafa.

Metir Nyaore, shugabanmu, ya ce, "Yako, 'yata. Doka ce. Wata za ta hau."

Ozuwa ta zube a ƙofar Tanti tana kuka.

Tanti ta ce, "Share majinar nan, kina ɓata min tabarma. Miƙo ƙafa." Ta kalli ƙafar, ta kalli bango. "Dago, tsawon banza, sauko min da na Madam."

Na ce, "Tanti, in taɓa dai ko?"

"Kunnenka ma rawa yake yi? Sauko da shi."

Jama'a, almakashi ta ɗauko. Almakashi! Ƙarar yankan nan, wallahi kamar a cikina. Wata cikin 'yan rawa ta dafe kai, wata ta fita da gudu ta kira Metir. Ya shigo ya ga aikin da ake yi. Ya ce, "Afuwe, kin haukace? Abin da ya rage mana na Madam ke nan!"

Ko ɗago kai ba ta yi ba. "Ni na rina shi, Metir. Fatar Madam ɗaya da ta yarinyar nan. Madam ba don ƙusa ta sayi takalmi ba."

"In 'ya'yanta suka ji fa?"

"Ka turo su unguwarmu Abobo, sun san gidana. Matsa, ka tare min haske."

Ta ɓare yadin tsohon takalmin tas, ta lulluɓe sabon da shi, tana ɗinki, har sau biyu ta soki yatsarta da allura. A nan na gane ita ma a tsorace take.

Ozuwa ta hau. Da ta miƙe a kan yatsu, ba ka gane inda ƙafa ta ƙare takalmi ya fara. Na ɗaga ta sama. Uwarta ta miƙe cikin manyan baƙi tana ihu, "Tawa ce! Tawa ce!" Tanti ba ta gani ba. Tana ɗaki tana mayar da ƙwarangwal ɗin takalmin Madam kan ƙusarsa, tsirara.

Metir bai yi mata magana ba har ƙarshen mako. 'Ya'yan Madam kuwa har yau ɗaya ba ya gaishe ta.

Tanti, ƙarshen watan nan za ki ajiye aiki. Ke ce sunanki bai taɓa fitowa a allon talla ba, alhali ba ƙafar da ta taka dandamalin nan ba tare da hannunki ba. Ke ce kika yarda a zage ki don yarinyar da ba ke kika haifa ba. Uwar rini, mun gode. Masu riƙe da kayan tarihi, ku koya: mai rai na bakin ƙofa yana jira.

Har yanzu muna taɓa takalmin kafin mu fita, a ɓarensa. To ku fa, tsakani da Allah, in almakashin na hannunku, za ku yanka?